Rasuwar Goggo Dorbela, Manhajar da Ta Koya wa Saniya Tafiya

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, wadda tsoro ya mamaye ɗan wurin da ya rage a cikinta, ni Rahamatu, mai shagon zanen katun da ke bayan tasha a nan Kazaure, nake sanar da 'yan'uwa da abokan sana'a rasuwar abokiyar aikina, manhajar kwamfuta mai suna Dorvela, wadda bakinmu ya mayar Goggo Dorbela. Ta cika ranar Litinin da hantsi, a gabana, ina durƙushe ina kallo.

Kafin ku ci gaba, ina da roƙo. Don girman Allah kada wannan sanarwa ta fita daga wayoyinmu ta kai kunnen surukina, Baffa. Kada a karanta masa, kada a yi zancenta a inda yake. Marigayiya ta tafi ta bar fim ɗina a kulle a cikinta, fim ɗin da za a nuna ranar Asabar ɗin nan, kuma Baffa da kansa ya bi gida gida ya gayyato mutane. Shi ne kuma ajalinta, bai sani ba.

Kamar yadda na karanta a littafin da ta zo da shi, an haifi marigayiya a shekarar 1989, a wata ƙasa mai sanyi inda ruwa ke daskarewa a famfo, a wani ɗaki da ke saman gidan burodi. Iyayenta biyu ne, wata ɗalibar lissafi da wani mai sassaƙa 'yar tsana ta katako wanda ya gaji da ɗaura wa 'yan tsanansa zare. Suka kafa kamfani, su biyu da kwamfutar aro. Abin da suka zo da shi kuwa shi ne sa wa zane ƙashi. Ka zana dabba, ka jera mata ƙasusuwa da gaɓoɓi a ciki, in ka ja ƙafa ɗaya sauran jiki ya biyo. Kafin su, sai dai mutum ya zana kowane motsi da hannunsa har idonsa ya yi ja.

Da ƙuruciyarta aikin talla ta yi, tana juya tambarin gidajen talabijin yana walƙiya. Daga nan masu finafinai suka gano ta, ta shiga yi musu dodanni da ambaliya da gine-ginen da ke rushewa. Ɗakin saman gidan burodi ya koma bene guda, ma'aikata suka cika shi. To nan fa masu kuɗi suka ji ƙamshi. Wani kamfanin ƙera kwamfuta ya saye iyayen da 'yar gaba ɗaya, ya ce ba za ta yi aiki a kan injin kowa ba sai nasa, injin da ko a can sai wane da wane. Bai daɗe ba ya karye. Aka sayar da ita ga masu kayan tace bidiyo, su kuma ba su san me za su yi da ita ba, suka ajiye ta kamar tukunyar gado. Na ukun shi ne azzalumin. Babban kamfani ne mai tasa manhajar irinta, ya saye ta, ya tara mutane ya yi alkawarin ba abin da zai taɓa ta. Sannan ya dinga sallamar ma'aikatanta da kaɗan kaɗan. Mai sassaƙa ya rasu, ɗalibar lissafi ta tattara ta koma kiwon zuma. Aka sa doka cewa duk shekara sai an sabunta lasisi, daga baya aka fitar da 'yar sanarwa cewa an daina ta, aka kashe na'urar da ke sabunta lasisin. Ni dai ban taɓa ganin riƙon maraya irin wannan ba, kuma ban yafe musu ba.

Ta iso Kazaure ne ta hannun malaminmu a makarantar koyon kwamfuta, Malam Ahmad Maikasuwa, wanda ya samo lasisi biyu kyauta ana dab da rufe ƙofar. Ya ba ni ɗaya, ya ba wani ɗan ajinmu, Lauwali ɗan Babura, ɗaya. Tun ranar muke tare da ita, kafin aure da bayan aure, da goyo da yaye.

Goggo mai haƙuri ce. Ba ta neman intanet, ba ta neman sabuwar kwamfuta. Zafin Kazaure, lokacin da duwatsu suka gama shan rana suka fara mayar mana da ita, yakan sa waya ta sume a aljihu, amma ita sai dai ka ji fankarta tana "fuuuu" tana ci gaba da aiki. In aka ɗauke wuta, za ka dawo ka tarar ta adana maka abin da ka yi. In na kunna ta da safe takan ce "tirin-tin", in na yi shirme ta ce "ƙwam", sau ɗaya, ba gori. Ba a faɗin aibin mamaci, amma a yi gaskiya, tana da nawa. In ta shiga dahuwa, wato lokacin da take mayar da ƙasusuwa da zane su zama hoton da ido zai kalla, sai ka yi wanki ka shanya ka kwashe ba ta gama ba. In ta gama kuwa ta ce "tin", wallahi har cikin raina nake jin sa.

Babban aikinta shi ne Kyalla, labarin wata saniya da ta ɓace wa garkensu a kasuwar Babura ta kama hanyar gida ita kaɗai, ta bi ta duwatsun Roni har rugarsu a ƙasar Gwiwa. Shekaru na kwashe a kansa. Na gwada sababbin manhajoji, saniyarsu tana tafiya kamar soja a fareti. Na dinga zuwa kara ranar kasuwa ina zama ina kallon ƙugun shanu har dillalai suka fara zargin kaina ba daidai ba, in dawo in nuna wa Goggo, ita kuma ta karɓa. Ranar da Inna Dela, tsohuwar da ta ara mana muryarta a fim ɗin, ta zo daga ruga ta ga Kyalla tana tafiya a allo, hannu ta miƙa za ta sosa mata tozo. An gama komai na fim ɗin nan, dahuwar ƙarshe kawai ta rage. Kuma duk duniya ba manhajar da ke iya buɗe aikin Goggo sai Goggo.

Ciwon ajalinta ta daɗe da shi. Lasisinta ya ƙare ne a ƙarshen 2017, kuma babu wanda zai sabunta. Malam Ahmad ya koya mana magani: kada a bari ta san shekarar ta wuce. Saboda haka a kwamfutar shagona kullum 2017 ce. In Disamba ta kusa, in mayar da agogo Janairu. Ban taɓa haɗa ta da intanet ba, ban yarda ko cajin waya a yi a jikinta ba, na sha faɗa da mutane a kan haka. Kusurwar allo inda kwanan wata yake kuwa na liƙe da baƙin salatif, don kada wani mai ido ya gani ya ce zai taimaka.

To, Baffa. Waɗanda suka san shi sun san abin da zan faɗa. Ya yi aiki a ofishin masarauta, ya ƙarasa a sakatariyar Roni, can ya koyi taɓa kwamfuta kafin ya yi ritaya. Bawan Allahn nan ba ya iya wuce agogon da ba daidai ba. Na masallacin unguwa shi ke saita shi, na shagon aski shi ne, har batir yake yawo da shi a aljihun riga. Kuma shi ne ya ba ni shagon nan. Lokacin da dangi suka taso wai matar aure ta zauna tana zana 'yan tsana, kalma uku ya faɗa, "A bar ta," magana ta mutu. Kusan kowace safiya yakan biyo, ya zauna a farar kujerar roba ta bakin ƙofa, ya kalli saniya tana tafiya, ya yi murmushi ya tashi. A gidan nan kaf shi kaɗai ke yin haka.

Ranar Litinin ya yi sallama, na durƙusa na gaishe shi, na fita in karɓo masa ruwa mai sanyi. Da na dawo ba ya kan farar kujera. Yana kan tawa, gilashi a hanci, baƙin salatif a ɗan yatsansa.

"Wa ya liƙa miki ƙazanta a allo, 'yar nan?"

Na durƙusa da kofin a hannu. Na ce, "Ni ce, Baffa."

Ya matsa kusa. "Subhanallahi! Ashe a 2017 kike zaune? Shi ya sa aiki ya ƙi ƙarewa."

Ya yi dariya. Ni ma na yi, Allah ya sani ban san da wane baki ba. Na ga hannunsa ya kama linzamin kwamfutar. Jama'a, tsakanina da shi bai fi taku ɗaya ba. Da na ce "Baffa, tsaya," da an gama. Amma tunda aka kawo ni gidan nan ban taɓa ɗaga ido na dubi fuskarsa ba, ko sunansa ba na faɗa, ko mai irin sunansa sai dai in ce "mai sunan Baffa". Abin da ya fito daga bakina shi ne, "Haka take, Baffa." Ya ce, "Ai ba za ta zauna haka ba." Ina jin ƙarar linzamin, ƙas, ƙas. Ya duba agogon hannunsa don ya tabbatar har da minti.

Goggo ta ce "ƙwam". Wani ɗan rubutu ya fito, Kyalla ta ɓace daga allon, ƙafarta ɗaya a sama.

"Yauwa," in ji Baffa. "Yanzu kin dawo cikin mutane."

Na ce, "Na gode, Baffa. Allah ya ƙara girma."

Ya sha ruwansa, ya sa albarka, ya tuna mini cewa mutanen Roni mota guda za su yi ranar Asabar, kuma ya aika wa su Inna Dela. Yana fita na mayar da agogon baya. Ina! Ta riga ta ga shekarar. Na kashe na kunna, na cire na mayar, na kira Malam Ahmad, ya ce, "Rahamatu, sai haƙuri." Na zauna a ƙasa na yi kuka irin wanda ban yi ba tun rasuwar mahaifiyata, ban kuma ji kunyar faɗa ba.

Marigayiya ta bar linzami ɗaya da ya sha hannu har ya yi santsi, da allon zane mai tsaga a gefe, da fanka mai tari. Ta bar Kyalla da garkensu, da dillalan kara, da duwatsun Roni da na gina ɗaya bayan ɗaya, duk suna nan a cikin kwamfuta ba mai buɗe musu. Ta bar ni. Ta kuma bar 'yar'uwa ɗaya tak a duk ƙasar nan, wadda ke cikin tsohuwar laftof ɗin Lauwali.

Da na gaya wa Abban Zara, maigidana, na ce ko zai yi wa Baffa bayani, sai ya dube ni kamar na ce ya taɓa wuta. "Ni? Ɗan fari? Mutumin da ko sunana bai taɓa kira ba, sai dai ya ce 'wancan', shi zan tsaya a gabansa in ce ya ɓata abu? Ki aike ni Babura dai." Ya hau babur ya tafi. Wayar Lauwali ba ta shiga, ya daɗe da barin zane ya koma harkar hatsi. Ina zaune a shago ina ta saƙe-saƙe: ya sayar da laftof ɗin, ya ba yara, ya haɗa ta da intanet tuntuni. Ashe tana cikin sito, bisa buhunan gero, saura kiris wani abokin cinikinsa ɗan Nijar ya tsallaka da ita. Lauwali ya ce, "Ka ce wa Rahamatu ban taɓa ta ba tun da na rufe ta. In ta tashi, tata ce."

Abban Zara ya kawo ta a naɗe cikin tawul. Muka jona ta da inbata. Na rufe ido na danna. Shiru, shiru, har na fara salati. Sai na ji "tirin-tin". Kwanan watanta bai kai ƙarshen 2017 ba. Na kwashe Kyalla a filas na kai mata, ta buɗe, saniya ta sauke ƙafarta.

Kada ku yi saurin cewa barka. Wannan 'yar'uwar ta fi marigayiya tsufa a jiki. Batirinta ya mutu murus, in wayar wuta ta ɗan motsa za ta ɗauke, dahuwa ta koma farko. Ta fara tun jiya Talata, kuma a lissafinta sai Juma'a da yamma za ta gama, in ba wanda ya taɓa ta. In ta koma farko ko sau ɗaya, Asabar ta wuce mu. Ba ta ɗaukuwa zuwa wani wuri. Ko da tana ɗaukuwa, ina zan kai ta? Gida, inda Baffa yake? Shagon kuma ba ya kulluwa, nasa ne, da mabuɗinsa a aljihu, kuma ba a haifi surukar da za ta rufe masa ƙofa ba.

Yau Laraba da safe ya zo. Na riga na juya fuskar laftof ɗin wajen bango, na tsaya a gabanta ina ta gyaran abin da bai lalace ba. Ya zauna a farar kujera, ya ce yau ina saniyar? Na ce tana hutawa. Idonsa ya sauka a kan wayar da ta bi ta bayana.

"Wannan fa?"

"Baƙuwa ce, Baffa. Taya mu aiki take."

Ya tashi. Ya zagayo. Na matsa, don ba yadda zan yi. Ya sunkuya ya leƙa tsakaninta da bango, ya gyara gilashi. "Ikon Allah. Ita ma ciwon nan ne da ita." Ya fara naɗe hannun riga. Daidai nan wani maƙwabci ya leƙo ya ce ana jiransa wajen raɗin suna, liman har ya zauna. Ya saki hannun rigar. A bakin ƙofa ya waiwayo ya ce, "Kada ki damu, 'yar nan. Gobe in Allah ya kai mu zan duba miki ita."

Saboda haka ga yadda aka tsara jana'iza, kuma ina roƙon a karanta da kyau.

Ba za a yi wa marigayiya salla ba, manhaja ce, mun san iyakarmu. Za a naɗe kwamfutarta a mayar cikin kwalinta a tura ƙarƙashin tebur bayan Asabar, ba kafin nan ba, don kada Baffa ya ga gurbi ya yi tambaya.

Zaman makoki kwana uku ne kamar yadda aka saba, daga gobe Alhamis, amma ba a shagona ba. A zauren Baffa za a yi. Kowa ya san dattijo ba ya tashi ya bar baƙo a zaurensa, to a nan nake neman taimakonku. Maza su fara isa tun an idar da sallar asuba ya dawo ya zauna. Kada kowa ya ce "ya haƙuri", ku ce gaisuwa kuka zo. Kada mutum ya tashi sai na bayansa ya yi sallama ya zauna. Ƙanwar maigidana, Saude, ita ke riƙe da tsarin wa zai bi wa, ku neme ta a waya, ita ce kuma za ta dinga fito da shayi. In hira ta mutu, ku tambaye shi yadda ake aiki a sakatariyar Roni a zamaninsu, wannan kaɗai zai kai ku azahar. Duk mai agogon da ya tsaya, na bango ko na hannu, ya zo da shi. Wanda nasa ke aiki ya ɓata shi a hanya. Lokacin salla a raka shi masallacin unguwa a rako shi, a gefensa, ana jan sa da zance.

Juma'a ce abin tsoro. Hanyarsa ta masallacin Juma'a ta gaban shagona ta bi, kuma da ƙafa yake zuwa, bai yarda da a-daidaita-sahu ba. Ina neman mai mota, wanda yake da girman da Baffa zai ji nauyin ƙin shiga, ya ɗauke shi ya zaga ta bayan kasuwa, ya dawo da shi ta can. Har yanzu ban samu ba.

In Allah ya sa ta ce "tin", sadakar uku ita ce nuna fim ranar Asabar, kowa ya zo, Baffa a sahun gaba, ba kuma wanda zai taɓa gaya masa komai har abada.

In kuwa duk kun kasa, ya sallame ku ya taso, to zai same ni a tsaye a bakin ƙofar shago. Zan ɗaga kai in dube shi in ce, "Baffa, a'a." Zai tambayi dalili, don shi mutum ne mai tambayar dalili, ni kuma ba zan yi masa ƙarya ba. Zai tsaya ya tuna Litinin, ya tuna na ce masa na gode. Fim zai fita. Amma na san shi, kunya ba za ta bar shi ya sake tako ƙofar nan ba har ya koma ga Allah.

Don Allah ku zo da wuri.

Mai sanarwa, Rahamatu Maman Zara, a madadin Kyalla da sauran marayu.